Daga Ƙonni zuwa Tawa: Masu fim ɗin da suka mayar da arashi jarinsu

Duk ɗan Tamaske da ya taɓa dawowa gida daga Najeriya ta iyakar Illela ya san hanyar nan kamar yunwar cikinsa: a fito Birnin Ƙonni, a karya kwana a Tsarnawa, a miƙa arewa ta Badagishiri har Tawa, sannan a kama hanyar Keita.

A kan wannan titi ne, kimanin kilomita 16 daga Ƙonni, wata ƙaramar mota ta daki wata babbar mota da almurun ranar 18 ga watan Fabrairun 2004. Haɗari ne irin wanda direbobin yankin suka saba gani. Mutanen da ke cikin ƙaramar motar ne suka sa labarin ya zagaya duniya.

Akwai Jean Rouch, Bafaranshe mai shekara 86 wanda ya shirya finafinai sama da 100, yawancinsu a Afirka ta Yamma. Akwai amininsa Damouré Zika, ma'aikacin jinya kuma ɗan wasa. Akwai kuma Moustapha Alassane, gwanin finafinan zane da ke zaune a Tawa. Rouch ya rasu, abokansa biyu da matarsa suka tsira da raunuka. A Yamai aka binne shi.

Aikin gina hanyoyi da gadoji ne ya fara kawo Rouch Nijar a shekarar 1941, yana matashin injiniya. Finafinansa da aka fi so kuma labarin matafiya ne da motocin da ke mutuwa a tsakiyar daji. Musulmi zai ce ajali ne, kuma idan ya yi kira ko babu ciwo sai an je. Wanda ya kalli finafinan kuwa da wuya ya kasa tsayawa ya yi tunani a kan yadda ƙarshen ya yi kama da farkon.

Shin irin wannan haɗuwa tana da ma'ana, ko idon mutum ne ke ɗora mata ma'anar? Wannan tambaya ita ce ginshiƙin wani salon fim da aka gwada a Nijar sama da shekara 60 da suka wuce. A yau ana koyar da shi a makarantun fim na duniya, amma kaɗan ne daga cikin matasan Adar suka taɓa jin labarinsa.

Fim ba tare da takarda ba

A tsarin da aka saba, ko a Kannywood ko a Indiya, marubuci ne ke fara zama ya tsara labari. Ɗan wasa ya haddace maganarsa, mai ba da umarni ya ce a ɗauka. Idan akuya ta gifta ko babur ya wuce da ƙara, sai a yanke a sake. Duk abin da ba ya cikin takarda ɓarna ne.

Fim ɗin gwaji yakan juya wannan tsari. Ana fita da kyamara da ɗan guntun tunani, a bar abin da aka tarar a hanya ya ja ragamar labarin. Akuyar da ta gifta tana iya zama ita ce fim ɗin.

Bahaushe ba baƙo ba ne ga wannan tunani. Yana da kalmomi da yawa na haɗuwar da ba a shirya ba: arashi, katari, dace, kiciɓis. Yakan ce faɗuwa ta zo daidai da zama. Ka ambaci mutum yanzu, sai ga shi ya yi sallama, a ce masa ɗan halak.

A Turai, likitan ƙwaƙwalwar nan na Suwizalan, Carl Jung, ya wallafa dogon nazari a 1952 kan abubuwa biyu da ke faruwa lokaci guda, babu wanda ya haddasa wani, amma mai gani ya ji a jikinsa cewa suna da alaƙa. Misalin da ya fi shahara shi ne na wata mara lafiya da ke ba shi labarin mafarkin wani ƙwaro dangin buzuzu mai launin zinare, sai ga ƙwaro mai kama da shi yana bugun gilashin taga. Kafin shi, marubutan Faransa irin su André Breton sun riƙa yawo a titunan Paris suna farautar irin wannan dace, kuma Rouch ya taso yana karanta su.

Masu lissafi ba su yarda ba. A wurinsu arashi ya fi yawa fiye da yadda mutum ke zato. Idan aka tara mutum 23 kacal a ɗaki guda, yiwuwar a samu biyu da ranar haihuwarsu ta zo ɗaya a shekara ta haura rabi. Ƙwaƙwalwa kuma tana riƙe ranar da mafarki ya zama gaskiya, ta manta ɗaruruwan ranakun da bai zama ba.

Rouch da abokansa ba su tsaya raba wannan gardama ba. Kyamara suka saɓa suka shiga cikinta.

Tsawa da ƙafar kyamara

Shigar Rouch wannan harka ma da arashi ta fara. A 1942 tsawa ta kashe ma'aikata 10 a wani wurin aikin hanya da yake kula da shi. Damouré Zika, wanda ya fito daga gidan Sarkawa masunta na bakin kogin Neja, ya kai shi wurin kakarsa Kalia, wadda ta jagoranci bikin da Zabarmawa ke yi wa Dongo, iskan da suke danganta tsawa da shi. Abin da injiniyan ya gani ranar ne ya karkatar da shi daga siminti da tsakuwa zuwa nazarin al'adu.

A 1946 ya dawo tare da abokansa biyu, Jean Sauvy da Pierre Ponty, suka bi kogin Neja a kwalekwale daga mafarinsa har teku. Yana ɗauke da wata tsohuwar kyamara ƙirar Bell & Howell da ake yi wa wani kamar agogo, wadda ba ta wuce 'yan daƙiƙoƙi take tsayawa. A cikin tafiyar ya rasa ƙafafun da ake kafa kyamarar a kai. A wancan zamani ƙwararru na ganin ɗaukar hoto da hannu wasan yara ne. Shi kuwa ba shi da zaɓi, sai ya riƙe ta a hannu ya riƙa bin mutane a ƙafa. Asarar nan ce ta zama salonsa, salon da matasan masu fim na Faransa suka rungume daga ƙarshen shekarun 1950.

Minti goma a Simiri

Idan ana neman wuri guda da za a ga wannan salo tsirara, to wani ɗan gajeren fim ne mai suna Tourou et Bitti, wanda aka ɗauka a watan Maris na 1971 a garin Simiri da ke Zarmaganda, arewa da Yamai.

Mutanen garin sun shirya wasan iskoki, irin wanda a ƙasar Hausa ake kira bori, don neman kariya daga fara. Kwana uku ana kiɗa da goge da ƙwarya da wasu tsofaffin ganguna biyu, turu da bitti, ba wanda ya hau. A rana ta huɗu da yamma, Rouch ya yanke shawarar ko ba komai ya ɗauki hoton gangunan nan, don yana ganin sun kusa ɓacewa. Zaren fim ɗin da ke cikin kyamararsa na kusan minti 10 ne. Ya ƙudura ba zai yanke ba har ya ƙare.

Mai kallo na shiga garin tare da shi, Moussa Hamidou na biye da na'urar ɗaukar sauti. A wuce dabbobin da aka tanada don yanka, a iso fili, ga wani dattijo yana rawa a gajiye, ga makaɗa. Can sai kiɗa ya mutu. Da alama an haƙura.

Rouch bai kashe kyamara ba. Sai mai goge ya sake ja, ganguna suka ɗauka, aka ji ihu, dattijon nan ya sauya kama. Mutanen garin suka ce Kure ne ya sauka, iskan da 'yan bori a ƙasar Hausa ma suka san sunansa. Jim kaɗan wata tsohuwa ita ma ta hau. Aka shiga ciniki da iska kan abin da za a yanka. Zare na gab da ƙarewa, Rouch ya ja da baya a hankali, fim ya ƙare da hoton fili daga nesa, rana na shirin faɗuwa.

Kwana uku babu komai, sai a cikin minti 10 da aka kunna kyamara. Me ya faru?

Bayanin da Rouch ya bayar daga baya shi ne kyamarar ce ta tayar da abin. A ganinsa, da makaɗan suka lura bai daina ɗauka ba, sai suka zaci ya hango wani abu da su ba su gani ba, shi ya sa suka koma kiɗa. Ya kuma ce shi kansa a lokacin ba ya cikin hayyacinsa na kullum, ido ɗaya a cikin kyamara, jiki na bin kiɗa, har ya laƙaba wa wannan hali sunan da za a iya fassarawa da hawan borin silima.

Mai addini zai yi tir da wasan gaba ɗaya, kuma ba a buƙatar a yarda da iskokin Simiri kafin a ga abin da fim ɗin ya kama. Mutum ya kalli jama'a, jama'a suka kalli yadda yake kallonsu, sai kallon ya sauya abin da ke faruwa. Duk wanda ya taɓa ɗaga waya a gidan biki ya ga yadda rawa ke canzawa nan take ya san wannan.

Sai dai a kira abin sa'a kawai rage masa daraja ne. A ranar, Rouch ya shekara kusan 30 yana halartar irin wannan wasa. Ya san kiɗan kowane iska, ya san inda zai tsaya, mutanen garin kuma sun san shi har ba sa tsarguwa da shi. Baƙon da ya sauka jiya da zai kashe kyamara ne lokacin da kiɗa ya mutu, don adana zare mai tsada.

Dorina ba ta son kiɗa

Ɗaya ɓangaren na wannan salo shi ne yadda ido biyu ke kallon hoto guda su ga abu daban.

A 1954 Rouch ya kai wa masuntan Ayorou fim ɗin da ya ɗauka na farautar dorinar da suka yi. Aka kafa farin ƙyalle, aka tayar da janareta. Da suka gama kallo sai suka kushe abu guda: kiɗan da ya ɗora a kan hoton. Suka ce farautar dorina shiru ake yin ta, kiɗa kuwa ƙarfin zuciya zai ƙara wa dabbar. Abin da Bature ya ɗauka ado ne, su sun gan shi ƙarya. Ya cire kiɗan, daga nan kuma ya mayar da nuna wa mutane hotonsu ƙa'idar aikinsa. A wannan zama ne wani maharbi ya gayyace shi ya zo ya ga farautar zaki da kwari da baka, fim ɗin da ya ci kyauta a bikin Venice a 1965.

Ba kullum abin ke ƙarewa da daɗi ba. Fim ɗinsa Les Maîtres fous, kan 'yan Hauka, wato 'yan ci-ranin Nijar a Accra da ke hawan iskokin da ke kwaikwayon gwamna da hafsoshin Turawa, ya tayar da ƙura da aka nuna shi a Paris. Ɗaliban Afirka suka ce cin mutunci ne. Malaminsa Marcel Griaule ya nemi a lalata shi. Hukumomin mulkin mallakar Ingila suka haramta shi, su kuma don suna ganin su aka yi wa ba'a. A 1957 ya ci kyauta a Venice.

Babban mai shirya fim na Senegal, Ousmane Sembène, ya taɓa gaya wa Rouch ido da ido cewa yana kallon 'yan Afirka kamar yadda ake nazarin ƙwari. Zargin na da nauyi, kuma har yau bai mutu ba. Ko da abota ta kai abota, kyamara da kuɗi da ɗakin tace fim duk a hannun Bafaranshen suke.

Labarin 'yan ci-rani

Fim ɗin da ya fi kusa da rayuwar ɗan Tamaske shi ne Jaguar. An ɗauke shi a 1954 zuwa 1955, bai fito ba sai 1967. Samari uku ne, Damouré da Lam Ibrahim Dia makiyayi da Illo Gaoudel masunci, suka bar Nijar bayan kaka suka nufi Gwalkwas, wato Gana ta yau. Ba rubutaccen labari. Da safe a shawarta abin da za a yi, a hanya a ɗauki abin da aka tarar. Da suka iso shingen kwastan babu takardu, sai suka zagaya ta bakin teku. Suka yi aikin katako da dako, suka kafa teburin koli a kasuwar Kumasi, suka koma gida kafin damina da tsaraba, suka rabar da ita cikin ɗan lokaci.

Kyamarar ba ta ɗaukar sauti. Daga baya ne aka zaunar da Damouré da Lam gaban hoton, suna kallon kansu suna ba'a da gardama da cika baki, aka naɗi hirar ta zama muryar fim ɗin. Hoto na nuna wahala, baki na ba da labarin jarumta. Duk wanda ya taɓa aiko hoto daga Abijan ko Legas ko Tamanrasset yana jingine da motar da ba tasa ba ya san tazarar da ke tsakanin biyun.

Adar ƙasar ci-rani ce tun kaka da kakanni, Tamaske kuma na cikin garuruwan da suka yi suna wajen fita neman kuɗi. Lokacin da aka fara babban aikin farfaɗo da ƙasa na Keita a 1984 da tallafin Italiya, mata ne suka fi yawa a wurin jidar dutse da haƙa, domin maza na kudu. Wannan rayuwa cike take da arashi: wanda ka haɗu da shi a tasha ya zama ubangidanka na shekara 10, motar da ta bar ka ita ce ta faɗi. Labarai ne da ake bayarwa a majalisa kowane dare, amma ba kasafai ake ganin su a fim ba.

A irin wannan haɗuwa ce Rouch ya gamu da Oumarou Ganda a Abijan, tsohon sojan da ya yi yaƙin Indochine ya dawo yana dako a tashar jiragen ruwa. Ya zama jarumin Moi, un noir na 1958. Daga baya Ganda ya kama kyamara da kansa, kuma a 1972 fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya zama na farko da ya lashe babbar kyautar FESPACO a Wagadugu.

A 1974 kuma Damouré da Lam da Rouch da Tallou Mouzourane suka fitar da Cocorico Monsieur Poulet, labarin masu fataucin kaji a wata kwararraɓaɓɓiyar mota ƙirar Citroën 2CV. Motar da gaske take mutuwa, kuma duk inda ta mutu nan labari ke ɗaukar sabuwar hanya. Don kauce wa 'yan sanda har kwance ta suka yi suka tsallaka kogi da ita.

Mutumin Tawa

Na ukun da ke cikin motar Ƙonni shi ne ya fi kusa da gida, kuma shi ne amsar zargin Sembène, domin shi ke riƙe da kyamararsa.

An haifi Moustapha Alassane a 1942 a N'Dounga, kusa da Yamai. Makanike ne tun farko. Yana yaro ya riƙa yanka kwali yana haska fitila a bayansa, yana nuna wa mutane inuwar dabbobi na motsi. Ya haɗu da Rouch a Yamai, daga baya ya tafi Kanada inda ya ga aikin Norman McLaren, gwanin zane mai motsi. Fim ɗinsa La Mort de Gandji, wanda kwaɗi ne jarumansa, ya ci kyauta a bikin fasahar baƙar fata na Dakar a 1966.

A wannan shekarar ya fitar da Le Retour d'un aventurier. Wani saurayi ya dawo daga Amurka da akwati cike da kayan kaboyi, ya raba wa abokansa huluna da bindigogi. Da suka sa kayan sai suka fara ganin kansu a matsayin mutanen da suke kallo a majigi, suka hau dawakai suka addabi ƙauyensu, wasa ya koma zubar da jini. Zalika Souley da Djingarey Maïga na cikin 'yan wasan. An yi shi shekara 40 kafin wayar hannu mai kyamara ta iso ƙauye, amma tambayarsa ta yau ce: me hoton da aka shigo da shi daga waje ke yi wa idon wanda ya zauna a gida?

Bayan ya jagoranci sashen fim na Jami'ar Yamai tsawon shekaru, Alassane ya tare a Tawa, ya buɗe otal, ya mayar da wani ɓangarensa ɗakin aiki. Yana haɗa 'yan tsana da waya da tsumma, yana motsa su kaɗan-kaɗan yana ɗaukar hoto ɗaya bayan ɗaya. Fim ɗinsa Kokoa gasar kokawa ce ta kwaɗi da sauran dabbobi, da alƙalin wasa da 'yan kallo da kirari, abin da duk wanda ya taɓa zama a filin kokawar takobi zai gane ba tare da fassara ba. Silima gaba ɗaya a kan wannan yaudarar ido take: hotuna 24 marasa motsi a daƙiƙa guda, ƙwaƙwalwa ta haɗa su ta ce tafiya ce. Makanike ne ya fi kowa sanin haka, don da hannunsa ya ƙera wasu daga cikin kayan aikinsa.

Wayar da ke aljihun ɗan acaɓa a Tamaske a yau ta fi kyamarar Simiri ɗaukar dogon lokaci, kuma ba a sayen zare. Gidajen silima na da sun rufe, finafinan nan kuma yawancinsu da Faransanci da Zabarmanci suke, abin da ya sa suka fi sauƙin samu a ɗakunan adana tarihi na Turai da a wurin masu tura finafinai a kasuwar Tawa ko Madawa ko Buza.

Damouré Zika ya rasu a Yamai a 2009. Moustapha Alassane ya rasu a Wagadugu ranar 17 ga Maris na 2015, kuma a 2017 gidan adana fasahar zamani na MoMA da ke New York ya shirya taron nuna finafinansa.

A Yamai, cibiyar al'adun haɗin gwiwar Faransa da Nijar ta daɗe tana ɗauke da sunan Jean Rouch. Bayan juyin mulkin watan Yulin 2023 da ɓacin dangantaka da Faransa, hukumomin soja suka kawo ƙarshen haɗin gwiwar, aka sauke sunan. Wanda aka ɗora a madadinsa shi ne na Moustapha Alassane.